Mai take da mai kiɗa: kundin aikina a kan Eric Coates

Asabar, 11 ga Janairu, 2025

Na buɗe wannan kundi ne don na san halina. In ban rubuta ba, nan da wata biyu sai in rantse ban taɓa yanke wata shawarar ba, alhali ni na yanke ta. Aikin shi ne shirin rediyo kashi huɗu, kowane kashi minti 25, a kan rayuwar Eric Coates, makaɗin Ingila da kaɗe-kaɗensa suka zama taken manyan shirye-shiryen BBC. Har yanzu ban raɗa wa shirin suna ba.

Kawuna ne ya jawo abin, shi ma bai sani ba. Ran nan yana gindin rijiya yana alwala, rediyo na can kan tabarma a tsakar gida. Kiɗa bai gama bugu biyu ba sai ya ɗaga murya ya ce a ƙara sauti, labarai za a fara. Da ya idar da salla na ce, “Kawu, wa ya yi wannan kiɗan?” Ya dube ni kamar na tambaye shi wa ya gina Dala, ya ce, “Kiɗan labarai ai na labarai ne.”

Washegari na yi tambayar a ofis, ba wanda ya sani. Wani ya ce a faifai ya zo, tare da wani ma'aikaci da ya daɗe da barin aiki. Ban yi dariya ba, don ni kaina shekara shida ke nan ina buɗe shirina da wani kiɗa da na tsinta a kwamfutar situdiyo, ban san ko ɗan wace ƙasa ne ya yi shi ba.

Da na kai wa Hajiya, shugabar sashenmu, takardar shawara, ta karanta ta ce, “Malam, me ya haɗa mai shayin da ke sauraronmu a bakin tasha da Baturen da ya mutu tun ba a ba mu mulkin kai ba?” Na ce, “Ranki ya daɗe, a ba ni lokaci.” Ta ba ni zuwa ƙarshen Afrilu. Amsar tambayarta kuwa ban da ita tukuna.

Laraba, 15 ga Janairu

Kashi na ɗaya ya fara tsayawa a takarda. An haifi Coates ranar 27 ga Agusta, 1886 a Hucknall, garin masu haƙar kwal kusa da Nottingham. Mahaifinsa likita ne. Da biyolin ya fara, wato gogen Turawa, daga baya ya koma biyola, wadda ta ɗan fi biyolin girma da kaurin murya. A ƙungiyar makaɗa masu biyola suna tsakiya ne, su ke cike gurbi, ba su ake kallo ba. Na ja layi a ƙarƙashin wannan, ina jin zai yi mini amfani gaba.

Iyayensa ba su so ya ɗauki kiɗa sana'a ba. Da ƙyar suka bar shi ya tafi Landan a 1906, makarantar Royal Academy of Music, bisa sharaɗin cewa in shekara ta zagayo bai nuna alamar zai ci abinci da kiɗa ba, ya dawo gida ya kama aikin banki. Wannan wurin ba sai na yi wa mai sauraro dogon bayani ba, kowane gida akwai irinsa. A makarantar Lionel Tertis ne ya koya masa biyola, Frederick Corder kuma ya koya masa tsara kiɗa. Tun a lokacin ya faɗa wa malaminsa ƙarara cewa shi kiɗa mai sauƙi yake so ya rubuta, wanda za a ji a yi nishaɗi, ba irin dogayen nan da ake zama awa guda ana gyaɗa kai ba. Da rana yana aji, da dare yana ramin makaɗa na gidajen wasan kwaikwayo yana neman na haya.

Matsalata a nan kalmomi ne. Yaya zan ce da mutumin da ke zama da alƙalami ya rubuta wa makaɗa sittin abin da kowannensu zai kaɗa, da daƙiƙar da zai shigo, ba tare da shi ya taɓa kayan kiɗan ba? “Mawaƙi” bai yi ba, don ba ya rera komai. “Makaɗi” ya yi kaɗan. Na tsaya a “mai tsara kiɗa” kafin in sami wadda ta fi.

Alhamis, 23 ga Janairu

Hazo ya rufe gari, muryata ta dishe, ba naɗi wannan makon. Na zauna da karatu.

A 1910 ya shiga ƙungiyar makaɗan Queen's Hall ƙarƙashin Henry Wood, wanda ya jagoranci kaɗe-kaɗen bazara na Proms tun farkonsu. A 1912 aka naɗa shi shugaban masu biyola. A 1913 ya auri Phyllis Black, duk da iyayenta sun yi ta jan ƙafa da farko. Tun kafin nan yana rubuta waƙoƙi ana sayar da takardunsu a kanti, don a zamanin mutane kan sayi kiɗa a rubuce ne su je gida su buga a fiyano. Ba a ɗauke shi soja a yaƙin duniya na ɗaya ba saboda rashin lafiya.

Sai 1919, aka sallame shi daga ƙungiyar. Abu biyu suka haɗu. Ciwon jijiya ya daɗe yana damun hannunsa na hagu, wanda yake danna tsirkiya da shi. Sannan hankalinsa ya koma kan rubutu, har yakan tura wani ya zauna masa a wajen gwaji. Yana da shekara 32, ga mata, ga haya, ba albashi. Daga ranar bai ƙara ɗaukar biyola ba.

Na so in rufe kashi na ɗaya da “wani hani ga Allah baiwa ne”, sai mai haɗa mana sauti, yaro ne amma yana da kunne, ya ce, “Yaya, wannan kowa ya san da ita za ka rufe.” Ya yi gaskiya, na goge. Za mu rufe da ƙarar murfin akwatin biyola, sai shiru na daƙiƙa uku. Akwatin biyola ba mu da shi a gidan nan, da tsohuwar adakar kakata za mu gwada.

Laraba, 29 ga Janairu

Da gangan na ajiye wannan sashe sai yau. Ranar 29 ga Janairu, 1942 aka fara watsa shirin rediyon BBC mai suna Desert Island Discs, shekara 83 ke nan cif, kuma har gobe ana yin sa. Roy Plomley ne ya ƙirƙiro shi, ya gabatar da shi har rasuwarsa a 1985. Tsarin ba wuya: a gayyato sananne, a ce a ƙaddara an jefa ka tsibirin da ba kowa, waɗanne faya-fayai takwas za ka tafi da su? Daga zaɓin sai hirar rayuwa ta ɓalle. Masu gabatarwa sun yi ta sauyawa, Michael Parkinson, Sue Lawley, Kirsty Young, Lauren Laverne, amma taken bai taɓa sauyawa ba.

Taken shi ne By the Sleepy Lagoon. Na saurare shi yau ya fi sau goma. Kiɗa ne mai bugu uku-uku, a hankali, kamar ana jijjiga jariri a goye. Abin da ya tsaya mini shi ne ba don shirin aka yi shi ba. Coates ya rubuta shi a 1930, shekara 12 kafin a san za a yi wani shiri mai wannan suna. Kuma ba wani tsibiri mai itatuwan kwakwa ya gani ba. Yana bakin teku a Selsey, kudancin Ingila, inda suke da gidan hutu, yana hango garin Bognor Regis a tsallaken ruwa da yamma. Shi Plomley ma da farko ƙarar igiyar ruwa da kukan tsuntsaye kawai yake so a buɗe shirin da su, manyansa ne suka dage sai an sa kiɗa.

Labarin tsuntsayen nan zai shiga shirin ko da zan rage wani abu. A kan kiɗan akwai kukan wasu tsuntsayen teku irin na gaɓar Ingila. Masu sauraro masu bin diddigi suka ce ai irin waɗannan ba sa zama a tsibirin ƙasa mai zafi. A 1964 aka cire su aka sa kukan tsuntsayen ƙasashen zafi, abin da ilimi ya yarda da shi. Bai daɗe ba aka dawo da na da. Kunnen jama'a ya riga ya saba da kuskuren, gyaran ne ya zama baƙo.

Talata, 4 ga Fabrairu

An ɗauke wuta muna tsakiyar tace kashi na ɗaya, janareta ya ƙi tashi da wuri, aikin awa uku ya tafi. Laifina ne, ban adana ba. Adakar kakata kuwa ta yi ƙara fiye da kima, kamar an rufe ƙofar kurkuku. Mun koma akwatin keken ɗinki.

Lahadi, 9 ga Fabrairu

Yau na sami abin da zan faɗa wa Hajiya.

Wani abokina ya kai ni ƙauyensu wajen wani dattijo, tsohon makaɗin kalangu, wanda ya yi wa mahauta da 'yan dambe kiɗa tun yana saurayi. Yanzu idonsa ya yi rauni, jikokinsa ke fita da kalangun. Na je ne kawai in naɗi minti biyu na bayanin kalmar “take”, don ita muke amfani da ita a gidan rediyo ba tare da mun tuna daga ina muka aro ta ba. Sai da muka yi awa biyu a zaurensa.

Na ce, “Baba, yaya ake yi wa mutum take?” Ya ce, “Yaro, ba a yi wa mutum take. Kiɗa kake yi. In ka kaɗa ka ga tsikar jikinsa ta tashi, ya miƙe ya yi kirari, ka sake kaɗawa gobe ya sake miƙewa, to ya zama nasa. In bai amsa ba, kiɗa ne kawai, sai ka ajiye wa wani.” Ya ce akwai kiɗan da ya gada wajen mahaifinsa, ya yi shekaru yana kaɗa shi ba mai shi, sai da wani ɗan dambe ya zo ya amsa. Daga ranar ko yara a kasuwa suka ji shi sunan ɗan damben suke kira. Na ce to sunan mahaifinka fa? Ya yi dariya ya ce, “Wa ke tambayar wanda ya haƙa rijiya in yana jin ƙishi?”

Na ciro waya na sa masa By the Sleepy Lagoon. Ya saurara har ƙarshe, kansa a sunkuye. Ya ce wannan ba na maza ba ne, ba za a shiga fage da shi ba. Na ce na hira ne, ana zaunar da mutum ya ba da labarin rayuwarsa. Ya ce, “To ya yi. Mai wannan kiɗan ya san yana so mutum ya saki jiki.” Sai na sa masa Knightsbridge, wani kiɗan maci na Coates, ban ce komai ba. Tun a busar farko ya ɗaga kai ya ce, “Wannan sarki ne zai fito, ko kuwa kasuwa ce ta cika?” Duka biyun bai yi nisa ba.

A mota muna dawowa na sake tsarin shirin gaba ɗaya a bayan ambulan. Muryar Baba ce za ta buɗe kowane kashi, ba tawa ba. Daga take na fage za a shiga take na rediyo, mai shayin Hajiya ba zai ji an kai shi baƙon wuri ba. Ba ina cewa akwai wata alaƙa tsakanin Coates da makaɗan ƙasar Hausa ba ne, babu, kuma ba zan ƙirƙiro ta ba. Aikin ne iri ɗaya: ɗan gajeren kiɗa da zai kira suna tun ba a buɗe baki ba.

Na ba Baba abin goro. Ya karɓa ya sa albarka, sannan ya ce in shirin ya fito a faɗi sunansa da na mahaifinsa. Ashe dai mai rijiya ma yana so a tambaya.

Alhamis, 13 ga Fabrairu

Ranar Rediyo ta Duniya. An yi ɗan taro a ofis, an sha lemo, na sulale na koma kan kashi na biyu, wanda shi ne zuciyar labarin.

Daga 1919 zuwa 1933 Coates yana cin abinci da alƙalaminsa, an san shi a cikin sana'a, amma ba sunan da mai tuƙin bas zai sani ba ne. Sai ya rubuta London Suite, kiɗa mai sassa uku, kowanne da sunan wata unguwa ta Landan: Covent Garden, Westminster, Knightsbridge. Na ƙarshen kiɗan maci ne, da busa mai kira a farkonsa. A watan Nuwamban 1933 BBC ta fara wani shirin daren Asabar, In Town Tonight, na hira da mutanen da suka shigo birni a makon, manya da talakawa. Ana gab da farawa ba a da take, aka shiga ɗakin ajiyar faya-fayai aka zaɓo wannan. Ba wanda ya tuntuɓi Coates. Ana ba da labarin cewa yana ɗakin duhu yana wanke hotuna, don mai son ɗaukar hoto ne, matarsa ta kira shi ta ce ga wani kiɗanka a rediyo.

Yadda suke buɗe shirin ma abin koyo ne ga irinmu. Kiɗa da hayaniyar motocin Landan suna tafe tare, sai wata murya ta daka tsawa a tsaya, komai ya yi tsit, sannan mai gabatarwa ya shigo. Cikin makonni kaɗan wasiƙu dubbai suka cika BBC, duk tambaya ɗaya: mene ne sunan wannan kiɗan, wa ya yi shi? Shirin ya ci gaba har 1960, shekara 27, da taken nan.

Wato mutanen Ingila na 1933 sun yi tambayar da Kawu bai ga dalilin yi ba. Na yi ta juya wannan. Ba don sun fi mu son sani ba ne, ina ganin. Akwai faifan garmaho a kanti da za su iya saye in sun san sunan, akwai adireshin da za su rubuta wa, akwai kuma wanda zai ba su amsa. Mu in mai sauraro ya bugo waya gobe ya tambayi wanda ya yi taken shirina, me zan ce masa?

Wani ɗan abu da nake so in saƙa a ciki: shi mutumin birni ne na gaske. Ya zauna a Chiltern Court, benen da ke bisa tashar jirgin ƙasa ta Baker Street, kuma an ce ba ya iya zama rubutu sai ya shirya tsaf har da lakataye, kamar mai zuwa ofis. Ya ɗauki abin aiki ne, ba jiran wahayi ba.

Litinin, 24 ga Fabrairu

An zo wurin. Lauyan gidanmu ya dubi rubutun ya tambaye ni shekarar da mutumin ya rasu. Na ce 1957. Ya ƙirga da yatsu ya ce haƙƙin mallaka na nan daram. A Birtaniya da Najeriya duka shekara 70 ne bayan ƙarshen shekarar da mai abu ya rasu, wato sai 2027 ta ƙare kaɗe-kaɗensa za su zama na kowa. Tsufan faifan bai warware komai ba, don haƙƙin faifai daban, haƙƙin kiɗan da ke cikinsa daban. Watsawa ta iska da sauƙi in lasisin gida ya rufe, amma ɗora shirin a intanet wata magana ce. Zai ba ni ra'ayinsa a rubuce. Kafin nan in yi amfani da gajerun yanka, a wurin da ake bayani a kansu kawai.

Na fito raina a ɓace, sai a hanya abin ya ba ni dariya. Dokar da ta taka mini birki ita ce ta ciyar da mutumin da nake ba da labarinsa. An kafa Performing Right Society a 1914 don karɓar wa masu tsara kiɗa kuɗi duk lokacin da aka kaɗa aikinsu a bainar jama'a. Coates na cikin mambobinta na farko-farko, daga baya ya zama ɗaya daga cikin daraktocinta. Kowace Asabar aka buɗe In Town Tonight, ana rubuta masa wani abu. Baba kuwa abin da aka liƙa masa a fage ran nan shi ke nan, ko da an shekara talatin ana kiran ɗan dambe da kiɗansa. Wannan ya shiga kashi na huɗu, kuma ba zan sassauta shi ba, ko da ya taɓa gidanmu.

Alhamis, 13 ga Maris

Azumi ya rage mana gudu. Naɗin murya sai bayan tarawi, kafin nan maƙogwaro ba ya ba da haɗin kai. Kashi na ɗaya da na biyu sun kammala, Hajiya ta saurara a ofishinta. Ba ta yaba ba, ba halinta ba ne, amma ta ce a ƙara wa dattijon nan lokaci, kuma ta tambayi yaushe na uku zai fito.

Na uku na yaƙin duniya na biyu ne. Ranar 23 ga Yuni, 1940 BBC ta fara Music While You Work, rabin awa na kiɗa ba magana, safe da la'asar, ana sa shi ta lasifika a masana'antu don ma'aikatan da ke tsaye gaban inji kada gajiya ta kashe musu jiki. Akwai ƙa'idoji: bugu ya tafi bai ɗaya, karin ya fito fili ya rinjayi ƙarar inji, ba mai sa barci. Har wata waƙar Amurka mai tafi a ciki aka hana, don ma'aikata kan ɗauki guduma su buga tafin a jikin inji.

A shekarar Phyllis tana aikin sa kai a wani wurin ɗinki na Red Cross, ta roƙi mijinta ya rubuta musu abin da za su riƙa taka keke da shi. Ya rubuta Calling All Workers, wato kira ga dukkan ma'aikata. BBC ta ɗauke shi taken shirin, ya zauna har 1967. Ko wannan ɗin ma, in an duba, matan ɗinki aka yi wa, rediyo daga baya ta zo ta amsa.

Nan ba sai na je ƙauye neman misali ba. Duk wanda ya taɓa zuwa gayya ya ga yadda gangar noma ke sa ƙato ya manta da ciwon baya ya san abin da BBC take nema. Na aika a tambayo Baba ko zai yarda jikokinsa su kaɗa mana kiɗan noma mu naɗa, ya ce wannan ba na kalangu ba ne, kowa da kiwon da ya karɓe shi, amma zai haɗa ni da masu shi.

Yau kuma shekara 68 da fara Sashen Hausa na BBC, 13 ga Maris, 1957. Coates ya rasu a Disambar shekarar. Wata tara kacal suka yi tarayya a duniya. Zan ambata a jimla ɗaya don mai sauraro ya san zamanin da ake magana, ba zan ɗora wa abin kayan da ba nasa ba.

Asabar, 5 ga Afrilu

An sha Salla, an dawo. Kashi na huɗu ya fi ba ni wuya don abubuwan sun yi yawa. Bayan yaƙi gidajen watsa labarai suka fara zuwa wurinsa kai tsaye: ya rubuta maci don sake buɗe talabijin na BBC a 1946, ya yi wa kamfanin Rediffusion, ya yi wa gidan talabijin na ATV da aka buɗe a 1955. A 1953 ya fitar da tarihin rayuwarsa. Sai macin fim ɗin The Dam Busters na 1955, wanda yau a Ingila ya fi duk sauran suna. Shi ma yana da shi a ajiye kafin masu fim su zo nema. Zan wuce shi da sauri, ba rediyo ba ne.

Abin da na fi so in tsaya a kai shi ne rainin da ya sha. Duk da jama'a na son sa, masu faɗa a ji a sashen kiɗa na BBC suna ganin kiɗa mai sauƙi bai kai a jera shi da manya ba, suka riƙa ware shi daga Proms, dandalin da ya yi shekaru yana zaune a cikinsa da biyola. Gidan da ke buɗe shirye-shiryensa da kiɗan mutum kullum, shi ne ke jin kunyar zama da shi a babban zaure. A nan layin da na ja ranar 15 ga Janairu ya yi amfani: mai biyola a tsakiyar ƙungiya, kowa na jin sa, ba mai kallon sa. Ya rasu ranar 21 ga Disamba, 1957 a Chichester, bayan bugun jini, yana da shekara 71.

Na yanke wata shawara. Ba zan buɗe shiri a kan mai tsara take da kiɗan tsintuwa ba. Akwai wani matashi mai ɗan situdiyo a bayan kasuwa, yana yi wa mawaƙa kiɗa da fiyano, na ba shi aikin: daƙiƙa 20, da kalangu a ciki, kuma za a faɗi sunansa a ƙarshen kowane kashi. Da na faɗa masa haka ya ce, “Yallaɓai, sunana kuma? A rediyo?” Kuɗin daga aljihuna ne, don ba a sa shi a kasafi ba. Mun rubuta takarda mun sa hannu, ta kashi huɗun nan ce kawai, in za a ci gaba da amfani da shi sai an koma wurinsa.

Talata, 15 ga Afrilu

Matashin ya kawo gwaji uku. Na farko ya cika kaya, kamar waƙar biki. Na biyu kwaikwayon Knightsbridge ne ƙiri-ƙiri, na ce masa lauya zai cinye mu ɗanye. Na uku ya yi kusa, sai dai kalangun na cikin fiyano ne, ba shi da rai. Ranar Lahadi zan kai shi ƙauye ya naɗi na gaske wajen jikokin Baba.

Inda aka tsaya: kashi na ɗaya da na biyu a shirye, in ban da take. Na uku yana jiran gangar noma. Na huɗu an rubuta, ba a naɗa ba. Takardar lauya ba ta iso ba. Sunan shiri har yanzu babu, Hajiya ta ce in ban kawo ba ran Juma'a ita za ta raɗa.

Jiya da dare na kai wa Kawu gwaji na uku a waya, na sa masa sau biyu ban ce komai ba. Ya ce, “Wannan na wane shiri ne?” Na ce ba na kowa ba ne tukuna. Ya ce to in sake sa masa. Tsohon taken shirina kuwa, na tsintuwar, na ba yaron sauti ya bi sawunsa da manhajar gane kiɗa. Sau uku tana ba shi suna daban-daban. Gobe zai gwada da dogon yanka.